Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Majalisar Dokoki Ta Tarayya Kan Hukuncin Kisa A Laifin Cin Amanar Ƙasa Da Leƙen Asiri

Ya ku masu girma Sanatoci da 'yan Majalisar Wakilai,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa ta ban girma da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya, na rubuto muku ne a kan wani al'amari da gyaransa yake hannunku ku kaɗai, domin alƙali yana aiki ne da dokar da ya tarar, shugaban ƙasa kuma iyakarsa ya yi afuwa bayan an riga an yanke hukunci. Roƙona shi ne ku sake duba sassan dokokinmu na tarayya da na soja waɗanda suka tanadi kisa ga wanda aka samu da cin amanar ƙasa ko bore ko hulɗa da abokan gaba, ku cire kisa daga duk inda ba a tabbatar da cewa wanda ake tuhuma ya yi sanadin salwantar rai ba. Na san wannan magana ba ta da farin jini a lokacin da ake binne sojoji da manoma kusan kullum, amma dalilan da zan kawo daga tarihinmu na ɗebo su, kuma wasu daga cikin waɗanda abin ya faɗa wa sun taɓa zama a kan kujerun da kuke kai a yau.

Dokar da muke da ita gado ce daga Turawan mulkin mallaka. Sashe na 37 na kundin manyan laifuffuka da ake aiki da shi a Kudu ya ce duk wanda ya ɗaura yaƙi da ƙasa domin ya tsorata shugaban ƙasa ko gwamna, da wanda ya haɗa baki a kan haka, ya ci amanar ƙasa kuma hukuncinsa kisa ne. A Arewa, sashe na 410 da na 411 na tanade-tanaden tarayya a kundin Final Kod sun faɗi kusan abu guda. Dokar Rundunonin Soja, wadda asalinta dikiri ne na shekarar 1993, ta ƙara da nata jerin: taimakon abokan gaba, da aika musu da bayanai, da bore a ƙarƙashin sashe na 52, duk suna iya kai soja gaban masu harbi. Kundin tsarin mulki na 1999 ya ba kowa 'yancin rayuwa a sashe na 33, sai dai ya keɓe hukuncin kotu, kuma Kotun Ƙoli ta tabbatar a shekarar 1998, a shari'ar Onuoha Kalu, cewa hukuncin kisa bai saɓa wa tsarin mulki ba. Wani abin lura shi ne farar hular da ya yi leƙen asiri, aka gurfanar da shi a ƙarƙashin Dokar Sirrin Gwamnati ta 1962, iyakar abin da zai fuskanta ɗaurin shekara 14 ne. Wato ƙasar nan ta shafe fiye da shekara sittin tana hukunta ɗan leƙen asiri da ɗauri, ba ta kuwa rushe saboda haka ba.

Da yawa daga cikinmu mun ɗauka waɗannan sassa sun mutu tare da mulkin soja, sai ranar 1 ga Nuwamba, 2024, ta farkar da mu. A ranar aka shigar da mutum 76 gaban Babbar Kotun Tarayya a Abuja, galibinsu daga Kano da Kaduna aka kwaso su bayan zanga-zangar tsadar rayuwa ta watan Agusta, kuma a cikinsu akwai yara ƙanana da suka shafe kusan wata uku a tsare. Huɗu sun yanke jiki sun faɗi a cikin kotun tun ba a gama karanta tuhuma ba. Cikin tuhume-tuhumen akwai cin amanar ƙasa, kuma babbar hujjar da aka fi yayatawa ita ce wasu sun ɗaga tutar Rasha. An sa musu belin naira miliyan goma-goma, kuɗin da iyayen mafi yawansu ba su taɓa gani a dunƙule ba. Da hotunan suka karaɗe duniya, shugaban ƙasa ya ba da umarnin a sake su, aka janye ƙarar a cikin 'yan kwanaki, aka miƙa su ga gwamnoninsu. Kowa ya yi hamdala, amma ku lura cewa kunya ce ta cece su, domin dokar da aka kama su da ita tana nan daram yadda take, kuma gobe wani ɗan sanda mai gabatar da ƙara zai iya sake ɗauko ta a kan ɗan wani.

Idan aka koma baya, za a ga cewa tun da aka sami 'yancin kai, wannan laifi bai taɓa kama wanda ya yi nasara ba. An kifar da gwamnati a Yulin 1966, da Yulin 1975, da ranar 31 ga Disamba, 1983, da ranar 27 ga Agusta, 1985, sannan aka ture gwamnatin riƙon ƙwarya a Nuwamban 1993. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan ya cika ma'anar cin amanar ƙasa kamar yadda doka ta rubuta, amma babu wanda ya taɓa tsayawa gaban alƙali a kansa. Waɗanda suka yi su sun zama shugabannin ƙasa da gwamnoni da ministoci, an sa wa tituna da barikoki sunayensu, ɗaya daga cikinsu ma mun zaɓe shi da ƙuri'unmu har sau biyu. Waɗanda suka gwada irin wannan aiki suka faɗi kuwa, su ne aka ɗaure a jikin turaku. Dokar da bambancin mai laifi da jarumi a wurinta ya ta'allaƙa ga wanda ya riga kama gidan rediyo, ba ta cancanci a damƙa mata ikon ɗaukar rai ba.

Ba na cewa duk waɗanda aka harbe ba su da laifi. Ranar 13 ga Fabrairu, 1976, an kashe Janar Murtala Ramat Muhammed a kan titi a Legas tare da dogarinsa da direbansa, an kuma kashe gwamnan Kwara, Kanar Ibrahim Taiwo. Wannan kisan kai ne tsagwaronsa, kuma waɗanda suka ɗana kunamar bindiga sun san abin da suka aikata. Sai dai mutum 32 aka harbe ranar 11 ga Maris, cikinsu har da kwamishinan tsaro na tarayya, Manjo Janar Iliya Bisalla, sannan aka bi da wasu bakwai ranar 15 ga Mayu, waɗanda suka haɗa da Laftanar Kanar Buka Suka Dimka da tsohon gwamnan Binuwai-Filato, Joseph Gomwalk. An yi shari'ar a asirce, babu damar ɗaukaka ƙara, kuma an harbe rukunin farko cikin ƙasa da wata guda da aukuwar lamarin, lokacin da zukata ke tafasa. Har yau akwai gidaje a Filato da ke rantsuwa cewa nasu bai san hawa ba bai san sauka ba, kuma babu hanyar da za a gaskata su ko a ƙaryata su, tun da ba a taɓa buɗe wa jama'a cikakkun takardun shari'ar ba. A 1990 ma haka aka yi bayan yunƙurin Manjo Gideon Orkar na ranar 22 ga Afrilu, wanda ya yi shelar yanke jihohin Sakkwato da Katsina da Kano da Bauchi da Borno daga Nijeriya. A matsayina na ɗan Arewa ba ni da dalilin tausaya wa wannan shela. Amma mutum 42 aka harbe a ƙarshen Yuli, aka sake shari'ar wasu, aka harbe ƙarin 27 a Satumba, kuma da yawa daga cikinsu ƙananan sojoji ne waɗanda aka tasa cikin dare aka ce su hau mota, alhali horon da aka yi musu tun daga ranar farko shi ne soja ba ya tambayar dalilin umarni.

Shari'ar da ta fi tsaya mini a rai ita ce ta Manjo Janar Mamman Jiya Vatsa, domin a nan ba a harba ko harsashi ɗaya ba. Vatsa ministan Abuja ne, mawaƙi mai rubutu, abokin ƙuruciyar shugaban ƙasa na lokacin, Janar Ibrahim Babangida. An kama shi a Disamban 1985 bisa zargin kitsa juyin mulki, kuma daga cikin manyan hujjojin da aka kafa a kansa akwai naira dubu goma da ya ba Laftanar Kanar Musa Bitiyong, kuɗin da shi ya ce rance ne na aikin gona, masu gabatar da ƙara kuma suka ce na shirya juyin mulki ne. Manyan marubuta uku, Chinua Achebe da Wole Soyinka da J.P. Clark, sun taka har barikin Dodan, fadar gwamnatin soja a Legas, suna roƙon a sassauta, suka fito da kyakkyawan zato, amma ranar 5 ga Maris, 1986, aka harbe shi tare da wasu hafsoshi tara. Janar Domkat Bali, wanda shi ne ya karanta wa ƙasa sanarwar kisan, ya fito bayan shekara ashirin ya ce a wata hira da aka yi da shi, hujjojin da aka tara a kan Vatsa masu rauni ne, kuma shi kansa ba shi da tabbacin cewa ya cancanci kisa. A watan Oktoban 2025 gwamnatin tarayya ta yi wa Vatsa afuwa, shekara 39 bayan an binne shi. Ina ganin iyalinsa sun ji sanyi a ransu, kuma hakan ba ƙaramin abu ba ne, amma da ɗauri aka yi masa, da shi da kansa zai karɓi takardar afuwar, mai yiwuwa ma tun kafin 1999.

Wannan ba hasashe ba ne, domin mun ga yadda ta kasance da waɗanda aka bari da rai. A 1995 kotun soja ta musamman ta samu Janar Olusegun Obasanjo da Manjo Janar Shehu Musa 'Yar'aduwa da Kanar Lawan Gwadabe da wasu da dama da hannu a wani juyin mulki da yanzu kusan kowa ya yarda cewa ƙirƙirarsa aka yi. An yanke wa 'Yar'aduwa da Gwadabe hukuncin kisa, Obasanjo kuma ɗaurin rai da rai, sai matsin lamba daga ƙasashen duniya ya sa aka mayar da hukuncin kisan zuwa ɗauri. Hafsan da aka yi amfani da shaidarsa a kan Obasanjo ya bayyana daga baya cewa azabtarwa ce ta sa ya faɗi abin da ya faɗa, ya kuma nemi gafara. 'Yar'aduwa bai fito ba, ya rasu a kurkukun Abakaliki a Disamban 1997, amma Obasanjo ya fito a Yunin 1998, kuma kafin shekara ta zagayo an rantsar da shi shugaban ƙasa. Shi ne fa mutumin da ya shugabanci gwamnatin da ta tabbatar da harbin 1976, ga shi bayan shekara 19 igiyar da aka saƙa a zamaninsa ta kusa zarge wuyansa. Hausawa sun yi gaskiya da suka ce in za ka gina ramin mugunta, gina shi gajere. A cikin fararen hular da aka ɗaure a wannan shari'a akwai Shehu Sani da 'yar jarida Chris Anyanwu, waɗanda dukansu biyu suka zama sanatoci daga baya. Haka nan Laftanar Janar Oladipo Diya da mutum biyar da aka yanke wa hukuncin kisa a Jos a Afrilun 1998, abin da ya tsaya tsakaninsu da harsashi shi ne rasuwar Janar Sani Abacha ranar 8 ga Yuni, ba wani tanadi na doka ba.

Wataƙila za ku ce wannan duk zamanin dikiri ne, yanzu kuwa akwai Kotun Ɗaukaka Ƙara da Kotun Ƙoli a saman kotun soja. Haka ne, kuma ci gaba ne na gaske. Amma ku tuna da abin da ya faru a 2014, a tsakiyar mulkin farar hula. A watan Mayu na shekarar, sojoji a barikin Maimalari da ke Maiduguri sun buɗe wa motar babban kwamandansu wuta bayan an kawo gawawwakin 'yan'uwansu da aka yi wa kwanton ɓauna a hanyar Chibok. Kwamandan ya tsira, kotun soja kuma ta yanke wa mutum 12 hukuncin kisa a Satumba. A Disamba aka yanke wa wasu 54 irin wannan hukunci saboda sun ƙi fita yaƙi, su kuwa suna cewa ba a ba su makaman da za su tunkari Boko Haram da su ba. Shekara guda bayan haka, binciken gwamnati ya bankaɗo zargin karkatar da kimanin dala biliyan 2.1 na sayen makamai, rundunar soja kuma ta mayar da hukuncin mutum 66 zuwa ɗaurin shekara goma-goma a Disamban 2015. Da an gaggauta zartarwa, da an harbe samarin da suka faɗi gaskiya game da makamai, alhali babu ko mutum ɗaya daga cikin waɗanda ake zargi da cinye kuɗin makaman da ya fuskanci tuhumar da hukuncinta kisa ne. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Har ila yau tsarin kotun sojan bai canza ba a asalinsa: kwamanda ne ke kafa ta, shi ke zaɓar hafsoshin da za su zauna, waɗanda ƙarin girmansu ke hannun manyansu, kuma hukumar soja ce ke tabbatar da hukuncin kafin a kai ga maganar ɗaukaka ƙara.

Akwai hujja mai ƙarfi a ɗaya ɓangaren, kuma ba zan yi kamar ban san ta ba. Mutumin Zurmi ko Birnin Gwari ko Gwoza zai tambaye ni: to, wanda ya tsegunta wa 'yan bindiga hanyar da ayarin sojoji zai bi fa, ko sojan da ya sayar wa 'yan ta'adda harsasai? A ƙauyukanmu an fi tsoron infoma fiye da ɗan bindigar kansa, shi ya sa jama'a da yawa suka yi maraba da dokar da Jihar Zamfara ta kafa a 2022 wadda ta haɗa masu kai bayanai cikin waɗanda za a iya yanke wa kisa. Amsata ita ce wanda bayaninsa ya kai ga kashe mutane, abokin tarayya ne a kisan kai, kuma dokokin kisan kai da Dokar Yaƙi da Ta'addanci ta 2022 sun riga sun tanadi hukuncinsa. Ban roƙe ku ku taɓa wannan ba. Abin da nake magana a kai shi ne laifin da ake kira cin amanar ƙasa ko bore alhali babu gawa, babu wanda aka raunata, sai zance da taro da takarda da zato. A irin wannan ne sharri ke samun ƙofa, domin shaidarsa kusan kullum daga bakin wanda aka tsare take fitowa, kuma duk mun san yadda ake sa wanda aka tsare ya yi magana.

Tun da daga Amurka muka aro tsarin shugaban ƙasa mai cikakken iko a 1979, ya dace mu duba yadda suka bi da wannan batu. Waɗanda suka rubuta kundin tsarin mulkinsu sun san yadda sarakunan Ingila suka riƙa halaka abokan hamayya da sunan cin amana, don haka cin amanar ƙasa ne kaɗai laifin da suka fayyace ma'anarsa a cikin kundin: ɗaura yaƙi da ƙasa ko mara wa abokan gabanta baya, kuma ba a kama mutum da shi sai da shaidu biyu a kan aiki guda na zahiri, ko ya amsa da bakinsa a buɗaɗɗiyar kotu. Dokarsu ta tarayya ta bar wa kotu zaɓi tsakanin kisa da ɗaurin da bai gaza shekara biyar ba, ba ta ɗaure hannun alƙali ba. A fannin leƙen asiri, rabon da su kashe wani tun ranar 19 ga Yuni, 1953, lokacin da aka zartar wa Julius Rosenberg da matarsa Ethel hukunci a kurkukun Sing Sing kan miƙa wa Tarayyar Sobiyet sirrin makamin nukiliya. Bayanan sirri da aka saki daga baya sun nuna mijin ɗan leƙen asiri ne, amma ƙanen matar, David Greenglass, wanda shaidarsa ce ta kai ta ga kujerar lantarki, ya amsa a 2001 cewa ƙarya ya yi mata domin ya kare tasa matar. Bayan wannan, manyan maciya amanar da suka kama, irin su Aldrich Ames na hukumar CIA a 1994 da Robert Hanssen na FBI a 2001, waɗanda bayanansu suka jawo kashe mutanen da ke yi wa Amurka aiki a Rasha, ɗaurin rai da rai aka yi musu. Ba tausayi ne ya jawo haka ba. Hukumomin tsaro suna bukatar su san iyakar ɓarnar da aka yi musu, da sunayen waɗanda aka tona, da hanyoyin da aka bi, gawa kuwa ba ta amsa tambaya. Lauyan ɗan leƙen asirin Sobiyet Rudolf Abel ya roƙi kotu a 1957 da kada ta kashe shi domin wata rana za a iya musanya shi, kuma a Fabrairun 1962 aka musanya shi da matuƙin jirgin Amurka Francis Gary Powers a kan wata gada tsakanin Balin ta Yamma da Jamus ta Gabas. A ɓangaren soja, dokarsu tana ɗauke da kisa har yanzu, amma rabon da su zartar wa soja tun 1961.

Faransa ma tana da darasi. A 1894 kotun soja ta samu Kyaftin Alfred Dreyfus da laifin sayar wa Jamus sirrin soja, bisa takardun da aka ɓoye wa lauyansa, daga baya kuma aka ƙara da na jabu. Abin da ya hana a kashe shi shi ne Faransa ta soke kisa a laifuffukan siyasa tun 1848, sai aka kai shi wani tsibiri aka tsare. A 1906 aka wanke shi sarai, ya koma aikin soja. Ingila kuwa, wadda Turawanta suka gadar mana da sashe na 37, ta soke kisa a laifin cin amanar ƙasa tun 1998.

Na san akwai daga cikinku waɗanda za su auna maganar da ma'aunin addini, kuma ya kamata su yi hakan. A sanina, shari'ar Musulunci ba ta tilasta kisa a wannan babi ba. Lokacin da ake shirin buɗe Makka, sahabi Haɗib ɗan Abi Balta'a ya aika wa Ƙuraishawa wasiƙa a ɓoye yana sanar da su shirin, aka kama wasiƙar a hanya, Sayyidina Umar ya nemi izinin sare kansa, amma Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya saurari uzurinsa, ya tuna cewa ya halarci Badar, ya bar shi. Daga wannan ƙissa malamai suka rabu: Imam Shafi'i da Imam Abu Hanifa sun tafi a kan cewa ba a kashe Musulmi ɗan leƙen asiri, a mazhabarmu ta Malikiyya kuma akwai masu ganin a kashe shi, akwai masu barin lamarin ga ijtihadin shugaba. Abin da aka bar wa ijtihadi kuwa, majalisa tana da hurumin tsara shi bisa maslaha. Game da masu tawaye, hukuncin da malaman fiƙihu suka ɗauko daga yadda Sayyidina Ali ya yi a yaƙin Raƙumi shi ne ana yaƙarsu har su dawo kan hanya, amma ba a bin wanda ya gudu, ba a ƙarasa mai rauni, ba a kashe wanda aka kama. Haƙƙin jini na iyalan mamaci, wato ƙisasi, babi ne daban wanda wannan wasiƙa ba ta shiga ba.

Maƙwabtanmu ma suna fama da wannan tambaya. A Saliyo an harbe sojoji 24 a Oktoban 1998 bayan kotun soja da ba ta da ɗaukaka ƙara, Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Afirka ta ce an tauye musu haƙƙi, ƙasar kuma ta soke hukuncin kisa gaba ɗaya a 2021. Chadi ta soke nata a 2020. Ghana ta cire kisa daga manyan laifuffuka a 2023 amma ya rage a cin amanar ƙasa saboda yana cikin kundin tsarin mulkinta, sai ga shi a Janairun 2024 an yanke wa mutum shida hukuncin rataya kan shirya juyin mulkin da ba a kai ga aiwatarwa ba. A Nijar kuwa, sojojin da suka kifar da Shugaba Mohamed Bazoum ranar 26 ga Yuli, 2023, su ne suka sanar bayan 'yan makonni cewa za su gurfanar da shi kan cin amanar ƙasa. Kowane ra'ayi mutum yake da shi game da siyasar Yamai, wannan ya isa ya nuna masa cewa tuhumar tana bin wanda ke riƙe da bindiga ne. Nijeriya ta shiga yarjejeniyar ƙasa da ƙasa kan 'yancin jama'a da siyasa a 1993, wadda ta taƙaita kisa ga mafi munin laifuffuka, kuma kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya mai fassara ta ya bayyana a 2018 cewa ana nufin laifin da ya ƙunshi kisa da gangan. Kwamitin nazari da gwamnatin Obasanjo ta kafa ya ba da shawarar dakatar da zartar da kisa tun 2004, rahoton yana nan yana shan ƙura, fursunoni fiye da 3,000 kuma suna zaman jiran gwamnonin da ba sa son sa hannu.

Saboda haka, ranku ya daɗe, ina roƙon ku gyara sashe na 37 da takwarorinsa na Final Kod ta yadda mafi girman hukunci zai zama ɗaurin rai da rai matuƙar ba a rasa rai ba, ku kuma fayyace ma'anar ɗaura yaƙi da ƙasa da kalmomin da ba za su haɗiye zanga-zanga ko ɗaga tuta ko rubutu a Facebook ba. Dokar Shaida ta 2011 ta riga ta nemi shaidu biyu a wannan laifi, amma wannan kariya ba ta amfanar wanda zai shafe watanni a tsare kafin a kai ga sauraren shaida, don haka ya kamata a hana shigar da tuhumar cin amanar ƙasa sai da sa hannun Antoni Janar na tarayya shi da kansa, a kuma haramta ta gaba ɗaya a kan wanda bai kai shekara 18 ba. A Dokar Rundunonin Soja, ku raba boren da aka yi kisa a cikinsa da ƙin bin umarni, ku ba kotu damar sauraren dalilin soja idan ya ce an tura shi fagen daga babu kayan aiki, sannan duk shari'ar da za ta iya kaiwa ga kisa a ɗora mata alƙali mai zaman kansa wanda ba kwamanda ne ya naɗa shi ba, kuma ta wuce Kotun Ɗaukaka Ƙara kai tsaye ko da wanda aka yanke wa hukuncin ba shi da kuɗin lauya.

Kafin ku yi muhawara a zauren majalisa, ina ba da shawarar kwamitocinku na shari'a da na tsaro su kira zaman jin ra'ayin jama'a, su gayyaci iyalan waɗanda aka harbe a 1976 da 1986 da 1990, da sojojin da aka sassauta wa hukunci a 2015, da iyayen yaran da aka gurfanar a 2024, da kuma matan sojojin da aka kashe sakamakon tsegumin maciya amana, domin su ma suna da abin faɗa kuma ba lallai ne su goyi bayana ba. Ku kuma umarci Ma'aikatar Tsaro ta miƙa takardun waɗancan kotunan soja na musamman ga Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa, inda 'ya'ya da jikokin waɗanda abin ya shafa za su iya zuwa su karanta abin da aka ce iyayensu sun aikata, da sunan wanda ya ba da shaida a kansu.

Haza wassalam.

Naku cikin girmamawa,
Wani ɗan ƙasa mai jefa ƙuri'a, daga Zariya